Yaya zan rubuta 'yar Tangale a littafina ta fito da rai?

Ɗan Jekadafari:

Assalamu alaikum malamai da 'yan'uwa marubuta. Ina neman shawara kan wani littafi da na tsara shi babi 30, an gama 18. Labarin wani saurayi ne Bafulatanin cikin garin Gombe, malamin makaranta, aka tura shi aiki Kaltungo, ya haɗu da wata ma'aikaciyar jinya 'yar Tangale, Kirista. Tsakanin 1995 da 1998 na ajiye labarin, lokacin da aka cire Gombe daga jihar Bauchi.

Mutum uku sun duba abin da ya samu, kuma bakinsu ya zo ɗaya. Gidan saurayin ya fito da rai, har ƙamshin miyar gwaggonsa ana ji, amma da an shiga gidan yarinyar sai komai ya daskare kamar hoton bango. Ɗaya ya ce Hausar da na sa a bakin iyayenta izgili ce. Wata ta ce tun babi na 4 ta san yarinyar musulunta za ta yi a ƙarshe, don haka ba ta ga abin jira ba.

Don Allah masu sani su taimaka da abin da za a iya aiki da shi. Wace irin Hausa zan sa a bakinsu? Kalmomin yarensu nawa ya dace su shiga? Kuma ta ina ake gyara ginin labari irin wannan ba tare da an rushe shi gaba ɗaya ba?

Malamar Adabi, Bauchi:

Wa alaikumus salam. Ƙanena, wanda ya ce maka Hausar izgili ce ya yi maka gata, kuma daga nan gyaran zai fara. Abin da yawancin marubuta kan yi shi ne su ɗauko Hausar baƙo ta wasan kwaikwayo, irin ta "ni ya zo, kai ta tafi", su zuba a bakin duk wanda ba Bahaushe ba. Wannan Hausar ba ta da mazauni a Kaltungo. Mutumin da aka haifa a can a shekarun 1940, ya shiga makarantar mishan, ya yi karatu da Hausa. Littafi Mai Tsarki cikakke ya fito da Hausa tun 1932. Da ita ake wa'azi, da ita ake rera waƙoƙi ranar Lahadi, da ita matan zumunta ke taro. Dattijo irin wannan yana iya fin malamin makarantarka jera karin magana.

Ga yadda za ka bi. Kafin ka rubuta kowace hira, rubuta a gefen takarda harshen da ake magana da shi a zahiri. In uwa da uba ne a ɗaki suna shawara da Tangale, to ka kawo maganarsu da Hausa cikakkiya mai kyau, mai azanci, domin babu wanda ke in'ina a harshen uwarsa. Sau ɗaya za ka nuna, misali "ya juya harshe zuwa Tangale", mai karatu ya gane. In kuwa da saurayin suke magana da Hausa, sai ka ba su Hausar yankin. Alamunta biyu ne suka fi fitowa. Ba a cika raba jinsi ba, sai ka ji "rigan", "motan", "matan shi". Sannan akan kai wanda aka yi wa abu ƙarshe, a ce "na kai saƙo wa Malam" a inda Bakano zai ce "na kai wa Malam saƙo". Amma ka lura da kyau, shi ma saurayin naka haka yake magana, da shi da gwaggonsa da abokansa na Jekadafari. In ka ba shi Hausar Kano tsab, ka bar wa surukinsa ta Gombe, ka riga ka gaya wa mai karatu wa ke da wayewa tun ba a je ko'ina ba, kuma ba gaskiya ka faɗa ba.

Inda bambancin gaske yake shi ne a kalmomin addini, kuma nan ne arzikin labarinka. Ɗauki kalmar baiko. A wurin saurayin, baiko shi ne a tsayar da maganar aure. A coci kuwa baiko shi ne abin da ake sakawa a kwano lokacin ibada. Ka zaunar da shi a barandar asibiti, ta ce masa jiya ita ta ƙirga kuɗin baiko, ka bar shi ya kwana da baƙin ciki yana zaton wani ya riga shi. Ba sai ka yi sharhi ba, wannan fage ɗaya ya nuna mutum biyu masu harshe ɗaya da duniya biyu. Haka sujada, shi goshi a ƙasa ya sani, ita kuwa dukan zaman ibadar Lahadi take nufi. Ka riƙe baftisma, jibin Ubangiji, dattijon ikilisiya, horo (hukuncin da coci ke yi wa wanda ya saɓa), Ruhu Mai Tsarki, Almasihu. Kada ka sa fastonsu ya riƙa magana da kalmomin limami don kawai su ka fi sani.

Sunaye kuma. Ka ba ta aƙalla biyu: na Littafi, irin su Rifkatu ko Saratu ko Alisabatu, da na gida na Tangale wanda kakarta ke kiranta da shi. Ranar da saurayin ya fara jin sunan gidan, da ranar da ta yarda ya kira ta da shi, kowacce fage ce mai zaman kanta.

Game da yawan kalmomin yare, biyar ko shida a babi sun isa, kuma su zama waɗanda ke dawowa: gaisuwar safe, sunan dangantaka, sunan wani abinci. Kada ka bi su da fassara a baka, ka bar amsar da aka mayar ta bayyana ma'anar. Ka karɓe su daga bakin mutum biyu daban, 'yan Kaltungo, domin karin Kaltungo da na Billiri ba ɗaya ba ne. Don daidaita rubutu akwai ƙamus na Tangale da Herrmann Jungraithmayr ya fitar a 1991. Wani abu da zai iya yi maka amfani: Tangale da Hausa 'yan gida ɗaya ne a harsunan Cadi, tare da Bolanci da Karekare, alhali Fulatanci daga wani gida yake dabam. Wato ta fuskar harshe ita ta fi shi kusa da Hausa.

Mai Gyaran Littafi, Tudun Wada:

Malama ta gama da harshe, ni ginin zan taɓa. Malam, ɗauki biro ka bi babi 18 ɗin nan ɗaya bayan ɗaya, ka rubuta a gaban kowanne da idon wa aka ga abin da ya faru. Irin koken da masu karatunka suka yi yana nuna kusan duka da idon saurayin ne. In haka ne, gidan yarinyar dole ya zama hoton bango, domin baƙo ne ke kallonsa daga ƙofa. A littafi mai babi 30 da mutum biyu ke ɗauke da shi, ka ba ta 10 zuwa 12, kuma aƙalla 4 daga ciki kada saurayin ya bayyana, kada ma a ambace shi sosai. Ba sai ka rushe abin da ka rubuta ba. Zaɓi babi uku da suka faru a gidansu ka sake su daga cikin kanta, sannan ka saƙa sababbi a tsakani.

Daga nan sai gwaji na biyu. Kowane mutum na gidansu, rubuta layi ɗaya na abin da yake so wanda bai shafi soyayyar ba. Ita tana neman gurbin ƙaro karatu, ko tana biya wa ƙanenta kuɗin makaranta. Uwarta tana rigima da facalarta kan gona. Ubanta yana son a sake zaɓensa dattijo. Wanda ka kasa rubuta masa layin nan, ba mutum ka gina ba, alamar ƙabila ka kafa. Kuma kada bakinsu ya zo ɗaya. A gida guda a samu mai ƙi, mai goyon baya don abin duniya, mai goyon baya don ƙaunar yarinyar, da wanda abin bai dame shi ba.

Ƙin uban shi ne ƙashin bayan littafin, saboda haka ka ba shi hujjar da mai karatu Musulmi zai ji nauyinta a ƙirjinsa. Yana tsoron kishiya, yana tsoron a hana ta aiki, yana tsoron jikokinsa su tashi ba su ci a kwanonsa ba. Yana tsoron ikilisiya ta sa 'yarsa a horo, shi kuma ya rasa bakin yi wa 'ya'yan wasu faɗa. Mafi girma shi ne gado, kuma nan ne marubuta ke yin sakaci da fiƙihu. A mazhabar Malikiyya ya halatta Musulmi ya auri Kirista tana kan addininta, duk da malamai sun karhanta. 'Ya'ya addinin uba suke bi. Amma babu gado tsakanin mabambanta addini, in ya mutu ba ta da tumunin mata, sai dai wasiyya, ita ma ba ta wuce sulusin dukiya. To ka ga auren yana iya ɗauruwa ba tare da ta musulunta ba, kuma tambayar da uban zai jefa wa masu neman aure ita ce, in yaron nan ya faɗi ya mutu, 'yata ina za ta kwana? Ka sa kawun saurayin ya yi shiru ya rasa amsa nan take.

Wannan shi ne maganin koken mai karatunka ta biyu. Ta gano ƙarshen tun babi na 4 ne domin ka rufe sauran ƙofofi. Buɗe su: ta aure shi tana Kirista, ta musulunta, su rabu, ko a ɗaura auren ya ƙi zama. In musuluntar ka zaɓa, hakkinka ne, amma ka biya kuɗinta. A ga dalilinta na kanta wanda ba son miji kaɗai ba, a ga abin da ta rasa, a ga Kirsimetin farko da ta zauna a ɗaki a Gombe tana jin ƙararrawar coci daga nesa. Abin da ke kashe irin wannan labarin shi ne a mayar da danginta mugaye don a sauƙaƙa mata fita.

Littafi biyu daga ƙasarmu sun isa makaranta a kan wannan. Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda ya fito a 1934 bayan gasar da Rupert East ya shirya a 1933. Umar yana ba ɗalibansa labarinsa a Rauta kusa da Bauchi: an sace shi yana yaro, Balarabe Abdulkarim ya tafi da shi ƙetaren hamada ya riƙe shi kamar ɗa har ya zama malami, uwarsa kuma ta fita nemansa ta faɗa bauta. Duba yadda aka raba alheri da mugunta. Baƙon da ya ɗauke shi ya kyautata masa, mijin uwarsa Makau mutumin kirki ne amma da harin bayi yake ci. Babu ɓangaren da aka wanke tas. Na biyu Measuring Time na Helon Habila, ɗan Kaltungo, wanda ya fito a 2007 da Turanci. A ciki Mamo ya ci karo da tarihin garinsu da wani Bature ɗan mishan ya rubuta, ya ga yadda baƙo ya taƙaita mutanensa, ya ɗaura niyyar rubuta tarihin ta hanyar rayuwar mutane ɗaiɗai. Kai ma baƙo ne a Kaltungo, karanta shi da wannan tunanin.

Tsohon Malamin Tarihi, Kumo:

Ɗana, kafin ka ci gaba ka gyara ƙasa da zamani, don mutanen wurin da su za su fara auna ka.

Kaltungo da Billiri masarautu biyu ne, akwai Mai Kaltungo, akwai Mai Tangale a Billiri, kada ka haɗa su a fada ɗaya. Daga Gombe hanyar Yola za ka bi, ka wuce Kumo, ka wuce Billiri, sannan Kaltungo. Maƙwabtansu Tula da Waja da Cham da Dadiya kowa da harshensa, kuma harsunan nan ba dangin Tangale ba ne, shi ya sa Hausa ce ke haɗa su a kasuwa da asibiti. Sannan ba kowane ɗan Tangale ne Kirista ba. Akwai gidajen da wa ke zuwa masallaci ƙane na zuwa coci, ana kai wa juna abincin Sallah da na Kirsimeti. Ka sa wa yarinyar baffa Musulmi. Shi ne zai shiga tsakani, shi ne kuma kowane ɓangare zai zarga. Akan ce wa wanda ya musulunta ya zama Bahaushe, ko da bai bar garin ba, kuma wannan kalmar tana ci masa rai.

Tarihin da ke bayan ƙin uban kuwa, masarautar da Buba Yero ya kafa a farkon ƙarni na 19 ba ta mallake duwatsun Tangale da Waja ba, an yi ta kai hari ana karewa har zuwan Turawa. 'Yan mishan na SIM (Sudan Interior Mission) sun sauka Kaltungo a 1917, cocin ECWA ta tsaya da ƙafarta a 1954. Uban yarinya ba zai tsaya ya yi lacca kan wannan ba. Kakarta ce za ta nuna dutse da haɓa ta ce can muka zauna saboda mahaya, ta ci gaba da tsince wake.

Ɓangaren saurayin ma kada ka ɗauka ka gama da shi. Bafulatanin gari ne, wataƙila Fulatancinsa bai wuce gaisuwa ba. Kakarsa tana kiran Hausawa haaɓe, wato waɗanda ba Fulani ba, ɗan'uwansa na ruga yana ganin ya zubar da pulaaku, wato ɗabi'ar Fulani ta kunya da kamun kai, a Kaltungo kuma kowa Bahaushe yake ce masa. Mutum uku ke nan a jiki ɗaya. Ka tuna ma Yakubu da ya kafa Bauchi Bagere ne, almajirin Shehu, ya karɓi tuta. Ƙasar nan tun asali a cakuɗe take.

Zamani: an ƙirƙiro jihar Gombe ranar 1 ga Oktoba 1996, ma'aikata suka yi ta kwaso kaya daga Bauchi, ana rabon kujeru, kowane yanki yana ƙirga nasa. Wannan zai shiga hirar ɗakin malamai. Babu wayar hannu ta GSM sai 2001, saboda haka wasiƙa ce, ko a ba direba saƙo a tasha. Takardar kuɗi mafi girma naira 50 ce, ta 100 sai ƙarshen 1999. Ga wahalar man fetur. Muhawarar shari'a kuma daga ƙarshen 1999 ta yi zafi, kada ka jawo ta baya. Tun da ma'aikaciyar jinya ce a Kaltungo, ba za ta rabu da waɗanda kububuwa ta sara ba, musamman lokacin shuka da girbi, manomi da makiyayi a gado kusa da kusa.

Abu ɗaya zan ƙara kan maganar Malama. Hausar yanki a cikin hira kawai za ta tsaya. Bayanin mai ba da labari ya zauna a daidaitacciyar Hausa, in ba haka ba mai karatu a Kano ko Katsina zai ɗauka kuskuren bugu ne ya ajiye littafin.

Ɗan Jekadafari:

Allah ya saka da alheri, Baba da Malama da Malam. Saura abu ɗaya. Gwaggon saurayin tana cewa "arna" a wurare da dama. In cire ko in bari?

Malamar Adabi, Bauchi:

Ka bari a bakinta, ka cire daga bakinka. Tsohuwa irin wannan a 1996 za ta faɗa, in ka goge ka yi ƙarya. Amma mai ba da labari kada ya furta ta ko sau ɗaya, haka "ƙabilu" da "masu yare" in ana nufin raini. Kuma sau biyu ko uku a dukan littafin ya wadatar. Aƙalla sau ɗaya a faɗe ta a inda yarinyar ke ji, mu kuma muna cikin kanta: tana tsugune tana gaida gwaggon, ta kawo mata maganin hawan jini, kalmar ta fito daga bayan labule, hannunta ya tsaya a kan ledar. Can gidansu ma akwai abin da ake faɗa kan Hausawa da Fulani in babu baƙo, shi ma ka kawo shi da nauyi iri ɗaya, ka sa saurayin ya tsinci ma'anarsa daga baya.

Kada ka fake da wasan barkwanci don ka sassauta. Wasan yana da masu shi, Fulani da Barebari, Katsinawa da Nufawa, Gobirawa da Yarabawa, Kanawa da Zagezagi. Inda al'ada ba ta ajiye shi ba, in ka ƙirƙira zagi ne kawai.

In ka gama gyara, ka ba mutum biyu 'yan Kaltungo su karanta, dattijo ɗaya da mace ɗaya wadda ta yi 'yammatancinta a shekarun 1990. Kada ka tambaye su ko ya yi daɗi, kunya za ta sa su ce ya yi. Ba su jan biro ka ce su ja layi a duk inda mahaifinsu ba zai taɓa faɗin haka ba, da inda aka yi abin da ba a yi a gidansu, da inda suka ji an yi musu dariya. Babin neman aure kuwa ka karanta musu shi da baki, domin a nan ne za su gaya maka wa ke fara magana, wa ke zama a ina, da abin da ake kawowa a zuwan farko.